GINSHIƘAN GIRKA A ƘOFAR GIDAJENMU: ASALINSU DA ABIN DA SUKE FAƊA



Duk wanda ya bi hanyar Akanda da Angondjé a 'yan shekarun nan, ko ya ratsa ta Sablière, zai ga wani irin gini da ya zama yayi: farin bene, dogayen ginshiƙai biyu ko huɗu a bakin ƙofa, bisansu kuma goshi mai kusurwa uku. Cikin falo rufi ya sha adon sitaf, kujeru masu ruwan zinariya sun jeru. Irin wannan ginin ake tayarwa yau a Kano da Katsina da Maraɗi da Damagaram, kuma wani kaso na kuɗin da ake zubawa a can guminmu ne na nan, wanda aka tara a kasuwar Mont-Bouët da shagunan Nkembo da Lalala. In ka tambayi mai gida sunan salon, sai ya ce maka ginin Dubai ne, ko ginin Turai. Alhali kuwa salon yana da suna, yana da uba da kaka, yana kuma da saƙon da aka ƙirƙire shi domin ya isar. Tun da muna zuba dukiya a kansa, ya kamata mu san abin da muke saye.

Faransawa suna kiransa niyokilasik, wato sabunta salon magabata. Magabatan da ake nufi su ne Girkawa da Rumawa. Mafi shahara cikin gine-ginensu shi ne Parthenon, ɗakin bautar da aka gina bisa tsaunin birnin Atina tsakanin shekara ta 447 da ta 432 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Girkawa sun bar wa duniya ginshiƙai iri uku. Na farko shi ne Dorik, kakkaura, gajere, kansa ba ado. Na biyu Ayonik, siriri, kansa a naɗe hagu da dama kamar ƙahon rago. Na uku Korintiya, wanda ya fi su tsawo, kansa kuma ya sha sassaƙen ganyaye. Wani magini Barume mai suna Vitruvius, wanda ya yi zamani da Sarki Augustus, ya rubuta littafi a kan gini, inda ya kwatanta na farko da ƙarfin namiji, na biyu da kamalar uwar gida, na uku kuma da siffar budurwa.

Abin lura a nan shi ne awo. A wurin masu wannan sana'a, kaurin ginshiƙi shi ke yanke tsawonsa: Ayonik yakan kai kimanin ninki tara na kaurinsa, Korintiya ninki goma. Tazarar da ke tsakanin ginshiƙi da ɗan uwansa ita ma da lissafinta. Hagun gini dole ya yi daidai da damansa, kamar fuskar mutum. Ginshiƙin kuma aiki yake yi, domin shi ke ɗauke da nauyin rufi. Wanda ya riƙe waɗannan ƙa'idoji zai iya tsayawa gaban kowane gini a Libreville ya gane ko maginin ya san abin da yake yi ko zubi kawai ya saya.

Turawa sun koma wa wannan gado fiye da sau ɗaya. A Italiya, Andrea Palladio ya wallafa littafinsa na gini a 1570, aka yi ta koyi da shi har Ingila. Amma abin da ake kira niyokilasik ya taso ne a tsakiyar ƙarni na 18, kuma dalilai biyu suka haife shi. Na farko gajiya. Fadojin Faransa na zamanin Sarki Louis na 15 sun cika da adon da ake kira rokoko: lanƙwashe-lanƙwashe, furanni, madubai, ruwan zinariya ko'ina, har ido ya rasa inda zai huta. Masana suka fara kallon wannan ado a matsayin alamar almubazzarancin sarauta. Na biyu kuma tono. A shekara ta 79 bayan haihuwar Annabi Isa, dutsen Vesuvius ya yi aman wuta ya binne garuruwan Herculaneum da Pompeii a kudancin Italiya. An fara tonon na farko a 1738, na biyu a 1748, sai ga gidajen Rumawa sun fito da ɗakunansu da zanen bangonsu da kayan girkinsu. Gani ya kori ji. A 1762 wasu Ingilishi biyu, James Stuart da Nicholas Revett, suka fitar da littafin awon gine-ginen Atina, a 1764 kuma Bajamushe Johann Winckelmann ya wallafa tarihin fasahar mutanen da, yana koyar da cewa kyau yana cikin sauƙi da natsuwa.

Wani abin mamaki shi ne farin launin da muke ɗauka shi ne asalin salon. Girkawa sun shafe ɗakunan bautarsu da gumakansu da ja da shuɗi da ruwan zinariya. Rana da ruwan sama na shekaru dubu biyu ne suka wanke launin, Turawan ƙarni na 18 suka tarar da farin marmara suka ɗauka haka aka yi shi. Farin fentin da muke sabuntawa kowace shekara gadon wannan rashin fahimta ne.

Daga nan siyasa ta shigo. Masu neman kawar da sarauta a Faransa sun ɗauki jamhuriyar Rum a matsayin abin koyi. Mai zane Jacques-Louis David ya yi hoton rantsuwar 'yan uwa uku na gidan Horatius a 1784, samari suna miƙa hannu ga takubban da ubansu ke riƙe da su, mata a gefe sun sunkuyar da kai don baƙin ciki. Darasin hoton a fili yake: ƙasa tana gaba da iyali. Bayan shekara biyar juyin juya hali ya ɓarke. Cocin da magini Soufflot ya zana wa Sarki Louis na 15 a Paris, wanda aka kammala a 1790, sai aka mayar da shi maƙabartar gwarzayen ƙasa a 1791, aka sa masa suna Panthéon. Napoleon, da ya naɗa kansa sarkin sarakuna, shi ma bai yar da salon ba. A zamaninsa aka jera ginshiƙai 12 a fuskar Palais Bourbon, inda majalisar dokokin Faransa take zama har yau. A Amurka an aza harsashin fadar White House a 1792, na ginin majalisa a 1793, duka a wannan salo. Mai sarauta ya yi amfani da shi, mai kawar da sarauta ya yi amfani da shi, domin saƙonsa ɗaya ne ga kowa: mulkin nan kafaffe ne, yana da asali, wanda ya zo ƙofarsa ya rusuna. Shi ya sa kotuna da bankuna da majalisu suka fi kowa son sa.

Cikin ɗaki ma salon ya shiga. A Birtaniya, Robert Adam ya yi suna wajen ƙawata rufi da bango da siraran zane na farar ƙasa, yana kwaikwayon abin da aka tono a Italiya. Wannan ita ce kakar sana'ar da magina a nan suke kira sitaf, a Najeriya kuma fi'ofi. A Faransa, zamanin Sarki Louis na 16, ƙafar kujera ta bar lanƙwasa ta miƙe sambal, da tsaga-tsaga kamar ƙaramin ginshiƙi. Kujerun da muke sayowa daga Santambul da Dubai da Sin, masu lanƙwasassun ƙafafu da tulin furannin zinariya, mafi yawansu jikokin rokoko ne, wato ainihin abin da masu niyokilasik suka tashi domin su kawar. A falukanmu an zaunar da abokan gaba biyu a tabarma ɗaya, ba wanda ya sani.

Akwai kuma ɓangaren tarihin da bai kamata mazaunin wannan gari ya manta ba. Bayi baƙar fata suna cikin waɗanda suka fasa dutse suka ɗauki bulo wajen gina White House da majalisar Amurka. Masu gonakin auduga na kudancin Amurka sun ƙawata gidajensu da fararen ginshiƙan Girka, bukkokin bayi kuma suna bayan gida. Birnin Bordeaux, wanda ya buɗe katafaren gidan wasansa mai ginshiƙai 12 a 1780, yana cikin manyan tashoshin jiragen fataucin bayi na Faransa, bayan Nantes. Shi kuwa Libreville, sunansa ma daga wannan masifa ya samo asali. Jami'in sojan ruwa Bouët-Willaumez, wanda kasuwar Mont-Bouët ke ɗauke da sunansa, ya ƙulla yarjejeniya da Sarki Denis Rapontchombo a 1839. An gina sansanin Fort d'Aumale a 1843. A 1846 sojan ruwan Faransa suka kama jirgin bayi mai suna Elizia, a 1849 kuma aka zaunar da wasu daga cikin waɗanda aka 'yanta a bakin wannan kogi, aka sa wa wurin suna garin 'yanci.

Da mulkin mallaka ya kafu, ginshiƙan suka biyo shi. A Dakar an kammala fadar babban gwamnan Afirka ta Yamma a 1907, wadda ita ce fadar shugaban ƙasar Sanagal a yau. A Badun, Ingilishi sun gama ɗakin taro na Mapo bisa tsauni a 1929, inda ake hango ginshiƙansa daga sassan gari da yawa, garin da Hausawa suke da unguwarsu ta Sabo tun 1916. A Pretoria an kammala Union Buildings a 1913, a nan kuma aka rantsar da Nelson Mandela a 1994. Libreville ba ta samu irin wannan rabo ba, kuma da dalili. Ita ce mazaunin mulkin Kwango ta Faransa har 1904, lokacin da aka mayar da hedikwata Brazzaville. Da aka kafa tarayyar Afirka ta Tsakiya ta Faransa a 1910, can aka bar babban gwamna. Libreville ta zauna a matsayin tashar fitar da katakon okume, ƙaramin gari wanda mutanensa ba su wuce kimanin dubu talatin ba ranar samun 'yanci, 17 ga Agusta 1960. Gidajen Turawa na wancan zamani na katako ne da kwano, a ɗage daga ƙasa, da baranda mai faɗi ta kewaye su. Ruwan sama da zafi ne suka zana su.

'Yan Afirka na farko da suka shiga tsakanin waɗancan ginshiƙai na Paris sun shiga ne a matsayin wakilai. Jean-Hilaire Aubame ya wakilci Gabon a Palais Bourbon daga 1946 zuwa 1958. Diori Hamani ya wakilci Nijar a zaure guda kafin ya zama shugaban ƙasa. Félix Éboué, jikan bayi daga Guyana ta Faransa, wanda ya zama babban gwamnan wannan yanki namu a 1940, ya rasu a Alƙahira a 1944, a 1949 kuma aka kai gawarsa Panthéon. Ginin da aka tsara domin ya nuna fifikon wasu, sannu a hankali ya buɗe wa waɗanda aka so a fifita kansu.

Bayan 'yanci, arzikin man fetur na shekarun 1970 ya sake wa Libreville fuska. Domin taron Ƙungiyar Haɗin Kan Afirka na 1977 aka yi manyan hanyoyi da otal-otal da fadar shugaban ƙasa ta bakin teku, tsofaffin gine-gine da yawa kuma suka tafi. Salon wancan lokaci na kankare ne da gilashi da marmara. Masallacin Hassan na Biyu, wanda aka buɗe a 1983 kusa da fadar, ya zo da bakuna da adon Maroko. Cocin Saint-Michel na Nkembo kuwa ya tsaya ne bisa ginshiƙan katako 31 waɗanda ɗan ƙasa ya sassaƙa da hannunsa. Ginshiƙan Girka da muke gani yanzu a sababbin unguwanni baƙi ne na bayan nan. Ta hanyar fatauci suka iso, ta hotunan waya da fina-finai da tafiye-tafiye zuwa Dubai da Turkiyya da Sin. Ana zuba su da siminti a cikin abin zubi, a manna wa bango, da yawansu ba sa ɗauke da nauyin komai.

Ibn Khaldun, a cikin Muƙaddima da ya rubuta a 1377, ya lura cewa wanda aka rinjaya yakan yi sha'awar kwaikwayon wanda ya rinjaye shi a sutura da abin hawa da sauran al'adu, saboda yana zaton a nan sirrin ƙarfin yake. Mai karatu zai iya auna wannan magana da abin da idonsa ke gani. Sai dai adalci ya sa a faɗi cewa aro a gini tsohon abu ne, kuma magabatanmu Musulmi sun yi shi ba tare da jin kunya ba. Masallacin Ƙairawan a Tunisiya, wanda Uƙba bn Nafi ya kafa a 670 aka kuma sake gina shi a 836, yana tsaye bisa ɗaruruwan ginshiƙan marmara da aka kwaso daga kufan Rumawa. Masallacin Kurɗuba a Andalus, wanda Abdurrahman na Farko ya fara a 785, shi ma da tsofaffin ginshiƙai aka tayar da shi. Da maginan suka ga ginshiƙan sun yi gajarta, sai suka ɗora baka bisa baka, hawa biyu. Parthenon kansa ya zama masallaci a zamanin Daular Usmaniyya, kafin harsashin mutanen Venice ya tayar da albarushin da aka ajiye a cikinsa a 1687. Waɗancan magina sun karɓi ginshiƙin baƙo suka sa shi ya yi musu aikin da suke bukata, wato ya ɗauki rufi mai faɗi domin sahu ya miƙe. Nan ne bambancin yake tsakanin aron mai hankali da aron da Hausawa suka ce ba ya rufe katara.

Mu ma muna da namu gwanayen. A zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarim, cikin shekarun 1830, Muhammadu Durugu, wanda aka fi sani da Babban Gwani, ya gina masallacin Juma'a na Zariya da tubali da azara. Azarar giginya gara ba ta cin ta, amma ba ta ɗaukar nauyin ƙasa a tazara mai nisa. Sai magina suka riƙa ɗora ta hawa-hawa, kowane hawa ya ɗan zarce na ƙasansa, suna ɗaurewa suna yaɓewa, har hagu da dama su haɗu a sama su zama bakan gizo. In bakuna suka gitta juna, sai a samu ɗaurin guga ya ɗauki tulluwa. Wannan lissafi ne da awo, kamar yadda na Vitruvius yake lissafi da awo, sai dai shi a ka aka riƙe shi, ɗa ya karɓa daga uba. Sana'ar ba ta mutu ba a zamaninmu: Falke Barmu ya fara masallacin Yama a jihar Tawa a 1962, da ƙasa, ginin kuma ya ci kyautar Aga Khan a 1986. Gidan Rumfa da Gidan Makama a Kano, hasumiyar Gobarau a Katsina, da gidajen unguwar Birni a Damagaram masu zankwaye da zanen dagi, duk suna nan ga mai son gani.

Abin da ya fi ado muhimmanci shi ne tsarin gida, kuma a nan ne asararmu take. Gidan Bahaushe da zaure yake farawa. A zaure ake sauke baƙo, a nan almajirai ke karatu, a nan ake ɗaurin aure da raɗin suna da sulhu tsakanin masu husuma, a nan maƙwabci zai zauna ya ci tuwo ba tare da ya keta sirrin iyali ba. Kakanninmu da suka gangaro ta Kamaru suka sauka Bitam da Oyem da Minvoul sun tarar da mutanen Fang suna da makamancinsa, wato rumfar maza da ke tsakiyar ƙauye, inda ake karɓar baƙi ana yanke shari'a. Barandar ginshiƙai an tsara ta ne domin a hange ta daga nesa. A gidajenmu na yanzu ma ta koma bayan doguwar katanga da ƙofar ƙarfe da mai gadi. Talakan da ya zo gaida ɗan uwansa sai ya tsaya a rana yana buga waya. Ga al'umma ƙarama irin tamu, wadda ke zaune cikin wasu harsuna da wasu al'adu, rashin zaure babban gibi ne. A nan yaro yake jin Hausar manya, ya koyi gaisuwa da ladabin zama, ya san wane ne kawunsa wane ne baffansa. In aka rufe wannan makaranta, Faransanci da waya su za su raini 'ya'yanmu.

Sai kuma yanayi. Ruwan da ke sauka a Libreville a shekara yana kusan milimita 2,900, wato wajen ninki uku na abin da Kano take samu. Goshin Girka an yi shi ne domin ƙasa mai ƙarancin ruwa. Farin bango marar inuwar rufi, damina biyu ta ishe shi ya yi baƙi da gansakuka. Iskar teku mai gishiri tana shiga ta tsagar siminti ta ci rodi, rodin ya kumbura, ginshiƙin ya fashe. Adon sitaf kuma in rufi ya yi yoyo sai ya jiƙe ya rufto. Tsofaffin gidajen baranda da muke rainawa sun fi fahimtar wannan ƙasa.

Saboda haka ga shawara ga duk ɗan uwan da Allah ya hore wa zai yi gini, a nan ko a gida. In ginshiƙi kake so, ka sa shi, amma ka sa magini ya kiyaye awonsa, ya kuma ɗora masa rufi mai faɗin baki wanda zai kare bango daga ruwa ya ba da inuwa. Kuɗin ginshiƙi huɗu na ado da goshinsu zai iya fitar maka da ɗaki guda a bakin ƙofa, mai buɗewa ta titi, da dakali da tabarma da buta. Ka nemi mai sitaf ya zana maka dagi a rufin falo, ko ya lanƙwasa maka bakan gizo a mashiga, domin hannun da ya iya ganyen Korintiya ba zai kasa wannan ba. In a Zariya ko Damagaram ginin yake, ka nemi tsofaffin magina ka ji ta bakinsu tun suna raye, kada kuma ka rushe soron kakanka kafin ka ɗauki hotonsa ka auna shi. Manyanmu da ke jagorancin gina masallatai da makarantun Islamiyya a unguwanni su ma su duba wannan, domin ginin jama'a shi ne abin da yara za su tashi suna gani.

Hausawa sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Mu da neman halal ya kawo bakin wannan teku, ba laifi mu ɗauki abin da ya yi kyau daga Girka ko Rum ko Maroko ko Fang, matuƙar jikanmu zai shiga gidan ya gane cewa Bahaushe ne ya gina shi. Duk wanda yake da tsohon hoton gidan kakanninsa na Bitam, Oyem, Minvoul ko tsofaffin unguwannin Libreville, muna roƙon ya ajiye mana shi a ƙarƙashin wannan rubutu tare da shekarar ginin in ya san ta, domin mu tattara su wuri guda.